Mai Sa'a: littafin da na saya sau ɗaya, na karɓa sau biyu

Sana'ata gyaran agogo ce. Shekara talatin da ɗoriya ke nan ina zaune a bakin kasuwa a Katsina da ɗan teburina mai gilashi, hantsaki a hannu, madubi maƙale a ido, ina leƙen cikin agogunan mutane. Littattafan hikaya ba su dame ni ba. Ɗiyata ce mai su, wayarta cike take da su. Ita ta ga tallan wannan littafin a Facebook, ta same ni bayan isha'i ta ce, "Baba, wannan kam naka ne. Tarihin wata malama ce da ta mallaki lokaci." Na ce mata lokaci na Allah ne, mu ƙirga shi kawai muke yi, ƙirgar ma ba kullum take fita daidai ba. Ta ce ai shi ya sa take so in karanta.

Naira dubu huɗu da ɗari biyar na tura wa mai sayarwa a Kano, da kuɗin mota a kai. Ya ba direba a tasha, washegari da la'asar yarona ya je ya karɓo. Nan ba ni da ƙorafi. An naɗe shi a leda biyu, bai ji ƙura ba, bai lanƙwashe ba.

Shafi 272 ne. Bangon yana da kyau: mace ce ta juya baya, tana tsaye a tsakar gida da rana tsaka, kuma ba ta da inuwa. Wanda bai karanta ba zai ɗauka mai zanen ne ya manta. Takardar cikin irin mai ruwan ƙasa ce, marar nauyi, rubutun bayan shafi yana ɗan leƙowa, amma idona da ya sha wahalar ƙananan sukurori bai gaji da ita ba. Gam ɗin da aka haɗa shi da shi ne abin tausayi. Sati biyu cikin hunturu, bayan littafin ya tsage daga sama, sai da na sa zare da allura na ɗinke abina.

Babbar matsalar a shafi na 128 ta same ni. Na juya, maimakon 129 sai na ga 113. Na ci gaba da karatu, ga maganar da na karanta jiya tana dawowa kalma da kalma. Wallahi sai da na yi shafi huɗu ina jinjina wa marubuciyar, ina cewa lallai yarinyar nan ta iya, littafin maimaita lokaci ta sa lokaci ya maimaita kansa a hannun mai karatu. Da na kai 128 na biyu na faɗa 145, sai na gane ba hikima ba ce, a wurin ɗinki aka sa ƙunshi ɗaya sau biyu aka bar ɗaya. Na kira mai sayarwa. Da fari ya ce in duba da kyau, wai ko ni ne na rikice. Na ɗauki hoto na tura masa. Ya ba da haƙuri, ya ce zai aiko da wani, amma sai da na yi kwana goma ina tuni, kuma kuɗin mota na biyu daga aljihuna ya fita. Mai saye ya buɗe tsakanin 129 da 144 kafin ya biya, ko ya sa a ɗauko masa hoton wurin.

To, me ke ciki?

Ƙagaggen labari ne da aka sa wa rigar tarihi. Birnin da abin ya faru babu shi a taswira, sarakunansa ba su cikin jerin sarakunan ko'ina. Mai ba da labarin wani magatakarda ne da ya zo shekara ɗari bayan rasuwar malamar, aka sa shi ya tattara abin da ya rage game da ita. Abu uku ya samu: kundin wani almajirinta da ke ganin waliyyiya ce, takardun alƙalin da ya yi mata shari'a, da waƙar niƙa da matan unguwar marina ke yi suna tsine mata. Ba a taɓa faɗin sunanta na yanka ba, Mai Sa'a kawai ake ce mata. Masoyanta suna nufin wadda ke riƙe da sa'o'i, maƙiyanta suna nufin wadda ta taki sa'a kawai, ta faɗi abu ya zo daidai. Wannan wasa da kalma ɗaya shi ke riƙe da littafin tun daga farko.

Ɗiyar ladan ce. Uban ya makance, ita ke fita tsakar gida ta auna masa inuwa don ya san lokacin kiran salla. A nan marubuciyar ta fara saye ni, domin ta san abin da take faɗa. Yarinyar tana tsayawa ta sa alama inda inuwar kanta ta tsaya, sannan ta taka da tafin ƙafa, dunduniya na taɓa yatsa. Tsayin mutum ƙafa bakwai ne da ƙafarsa, haka malamanmu suka koya mana. Idan inuwa ta kai bakwai bayan an cire wadda ta rage lokacin zawali, la'asar ta shiga. Kakana haka yake yi har ya bar duniya, agogon da na ba shi a ƙarƙashin matashi yake ajiye shi. Har ranar da babu inuwa ta kawo, wadda ke kan bangon. Mu nan da muke wajen daraja 13 arewa da tsakiyar duniya, sau biyu a shekara rana ke bi ta tsakar ka sosai, wajen ƙarshen Afrilu da kuma tsakiyar Agusta. Ka kafa sanda a miƙe da rana tsaka, inuwarta ta shige ƙarƙashinta. A littafin, yarinyar ta gaya wa mutane ranar tun kafin ta zo. Da ta zo, sai aka ce ta haɗiye inuwarta. Daga nan sunan tsafi ya manne mata.

Abin da ya raba garin biyu shekarar fari ne. Ruwan farko ya sauka da wuri, kowa ya ɗauki sungumi. Ita ta je fada ta ce kada a yi shuka, a jira taurari biyu su wuce. Masu lissafin taurarin noma sun san kowane tauraro kwana 13 yake yi, su 28 ne, ɗaya yana da 14, shi ke cika 365. Taurari biyu kwana 26 ke nan. Wasu suka ji, wasu suka ƙi. Waɗanda suka yi gaggawa shukarsu ta ƙone, waɗanda suka jira suka samu ruwa har gero ya nuna. Almajirinta ya rubuta cewa ta kamo damina ne ta riƙe ta kwana 26. Matan marina suka ce ƙwarai ta riƙe, amma kwanakin ba daga sama ta samo su ba, daga rayuwar 'ya'yansu ta yanko, domin a shekarar ne yaran unguwar suka yi ta mutuwa, waɗanda suka tsira kuma suka yi furfura da wuri. Magatakardan bai raba gardamar ba. Ya dai ajiye a ƙasan shafi, da ƙananan baƙaƙe, cewa rijiyar unguwar tana dab da karofi.

Irin wannan ajiya a ƙasan shafi ita ce daɗin littafin. Kusan duk wani abin mamaki da aka jingina mata, akwai wata 'yar ƙofa da aka bari a buɗe wadda mai lura zai bi ya ga cewa wataƙila babu sihirin komai, hisabi ne kawai a garin da ba a san hisabi ba.

Wanda ya fi burge ni shi ne na shekarunta. Almajirin ya ce ta rasu tana da shekara 99. Matan marina suka ce su sun ƙirga, damina 96 ta gani. Ina sauran ukun? Nan ne hujjarsu mafi ƙarfi, wai ta ɓoye damina uku a wani wuri, kuma duk fari da aka yi bayanta bashin nan ne ake biya. Ina zaune a shago na ajiye littafin na ɗauki biro. Shekarar wata kwana 354 ce da 'yan kai, ta rana 365 da 'yan kai, tsakaninsu kusan kwana 11. Cikin shekara 33 bambancin ya kai shekara guda. Sau uku ke nan cikin 99. Wato duka ɓangarorin gaskiya suka faɗa, ɗaya da wata yake ƙirga, ɗaya da damina. Babu wanda ya saci komai. Marubuciyar ba ta bayyana wannan ko'ina ba, ta bar shi kwance kamar allura cikin tabarma. Na yi dariya ni kaɗai har yarona ya ɗago ya ce, "Maigida, lafiya?" Wanda ya karanta Suratul Kahfi ya san ɗari uku da aka ƙara wa tara, kuma malaman tafsiri da dama da wannan lissafin suka fassara ta.

Ɓatan kwanaki a takarda ba sabon abu ba ne a duniya ma. A 1582, da Paparoma Giregori na 13 ya gyara kalanda, mutanen Italiya da Sifen sun kwanta ranar Alhamis 4 ga Oktoba, suka tashi Juma'a 15 ga Oktoba. Ingila ba ta bi ba sai 1752, ita kwana 11 ta tsallake a watan Satumba. Ba wanda ransa ya ragu da ko daƙiƙa, amma ka ce wa talaka an cire kwana goma daga wata ka ga ko zai yarda ba a cuce shi ba.

Babin shari'ar ma ya yi. Na ji tsoron marubuciyar za ta mai da alƙali mugu jahili kamar yadda aka saba, sai ba ta yi ba. Mutum ne mai ilmi da tsoron Allah, kuma tuhumar da ya yi mata tana da tushe. Ya kafa hujja da ayoyin Suratut Tauba, ta 36 da ta 37, inda aka ce watanni goma sha biyu ne, aka kuma haramta jinkirta wata daga wurinsa kamar yadda Larabawan jahiliyya ke yi. Tambayarsa ita ce: kin taɓa lissafin watanni ko ba ki taɓa ba? Ita kuma ta ƙi cewa tana da sihiri, ta ƙi cewa ba ta da shi. Dalilinta, kamar yadda almajirin ya kawo, idan ta ce lissafi ne kawai ba wanda zai ƙara jin maganarta ranar shuka. Wannan wurin ya tsaya mini a rai, don laifinta na gaskiya a nan yake. Ta bar mutane cikin duhu saboda duhun yana mata amfani, ko da niyyarta alheri ce. Ni ma na san abokan sana'a da ba su son mai agogo ya gane batir ne kawai ya mutu.

Har shafi na 200 da wani abu, da an tambaye ni sai in ce ban taɓa karanta irinsa da Hausa ba. Daga nan ne abin ya fara zubewa.

Ban san ko wani ne ya ba marubuciyar shawara cewa masu karatu za su gaji in ba su ga abin tsoro ba. Kwatsam sai ga babi uku da ba magatakardan ke magana ba, an shigar da mu ɗakin malamar muna kallo da idonmu tana kiran aljanu, tana zuba kwanaki cikin tulu kamar mai zuba nono. Duk shakkar da aka yi shafi ɗari biyu ana ginawa ta rushe. In dai da gaske tana zuba kwanaki a tulu, to matan marina sun yi gaskiya, rijiya da karofi da lissafin 99 duk sun zama aikin banza. An kuma liƙa mata wani saurayi ɗan fatake da bai da aikin yi a labarin sai kallon ta da ajiyar zuciya.

A waɗannan babobin ne kuma hannunta ya fara kuskure a abin da da farko ta ƙware. Garin da ake auna lokaci da hantsi da walaha da la'asar sakaliya, sai ga wani yana cewa a jira shi minti bakwai. Da wane agogon? Agogo mai lilo sai 1656 aka ƙera shi a Holan, kuma kafin shi yawancin agogunan Turai ma hannu ɗaya gare su, na awa, don ba su da daidaiton da za su nuna minti. Na hannunka na yau da ke ƙirga daƙiƙa ba fashi, ɗan dutsen da ke cikinsa yana kaɗawa sau 32,768 a daƙiƙa guda, kuma sai a ƙarshen 1969 kamfanin Seiko ya fara sayar da irinsa. Mutumin da bai taɓa ganin ko ɗaya ba ba zai ce minti bakwai ba, zai ce kafin tukunya ta tafasa.

Sai husufin rana. Ta sa shi ranar sha huɗu ga wata, ta kuma ce duhu ya yi rabin yini. Rana ba ta husufi sai a ƙarshen wata, lokacin da wata ya shiga tsakaninmu da ita. Na tsakiyar wata husufin wata ne. Kuma ni na ga na rana da idona a garin nan, ranar Laraba 29 ga Maris 2006, da hantsi. Gari ya yi sanyi, kaji suka nufi akurki, masallatai suka cika, amma duhun sosai bai kai minti huɗu ba. Ɗiyata ta ce, "Baba, ai labarin tsafi ne, komai zai iya faruwa." Na ce da tun farko haka aka gina shi, da ban ce uffan ba. Wanda ya koya mini auna inuwa daidai a babi na biyu, ba zan yafe masa husufin sha huɗu ga wata a babi na ashirin ba.

Wani abin haushin na masu buga littafin ne. A cikin rubutun sosai ƙ da ɗ da ɓ suna nan lafiya, amma a ƙananan bayanan ƙasan shafi duk ƙugiyoyin sun zube. Akwai inda aka rubuta cewa aikinta "kira" ne. Kira ko ƙira? Tana kiran lokaci ne ya zo, ko tana ƙera shi kamar maƙeri? A littafin da gardamarsa duka a kan wannan take, ƙugiya ɗaya ba ƙaramin abu ba ce.

Akwai kuma abin da nake so mai sayarwa da marubuciyar su gyara tun wuri. Babu inda aka rubuta a bango, gaba ko baya, cewa ƙagaggen labari ne. Sai a shafin ƙarshe, cikin godiya, aka ambata a layi ɗaya. Maƙwabcina mai sayar da turare, mutum ne mai karatu, ya ɗauka ya duba babi biyu ya ce, "Malam, wannan baiwar Allah a wane gari aka yi ta? Ban taɓa jin ta a tarihin ƙasar Hausa ba." Rigar tarihin ta zauna wa labarin har haka. Gobe wani zai yanko babin farko ya watsa a WhatsApp da hoton wata tsohuwa, shi ke nan ta zama gaskiya.

Ba zato nake yi ba, an yi haka da mutanen gaske. Akwai wata mace a Halab ta ƙasar Sham, a ƙarni na 10, mai ƙera usturlabi, faifan tagullar nan da ake auna tsayin rana da taurari da shi a fitar da lokutan salla. Abin da aka sani game da ita 'yan kalmomi ne da Ibn Nadim ya rubuta a littafinsa Fihrist: ana ce mata al-Ijliyya, ɗiyar wani maƙerin usturlabi ce, kuma ta yi aiki a fadar Saifud Daula, sarkin Halab. Kusan iyakarsa ke nan. Yau ka duba intanet ka ga an raɗa mata suna Maryam, wanda babu shi a asalin, an zana mata fuska, an jera abubuwan da wai ta ƙirƙiro. Har wani dutsen sararin samaniya mai lamba 7060 an sa masa sunanta, wannan kam ta cancanta. Amma rabin abin da ake yaɗawa a kanta ƙari ne. Mu kuma nan muna da namu na gaske da ba mu damu da shi ba, Muhammadu ɗan Muhammadu al-Fulani al-Kashinawi, Bakatsine, wanda ya rubuta littafi da Larabci a 1732 kan yadda ake tsara hatimi, lambobin da ko ta ina ka tara su jimla ɗaya za su ba ka, ya rasu a Alƙahira a 1741. Shi ma tsakanin lissafi da asiri mutane suka ajiye shi. Ina zargin marubuciyar ta san labarinsa, don akwai ƙamshinsa a jikin malamarta.

Shin ya ci kuɗinsa? Ya ci. Kashi uku cikin huɗu na littafin aiki ne na wadda ta zauna da tsofaffi ta yi tambaya, kuma Hausarta mai daɗi ce, ba ta cika ta da Larabci ko Turanci don burga ba. Waƙar niƙan da ta ƙaga wa matan marina har uwargidana sai da ta ce in sake karanta mata, ta ce haka kakarta ke jan murya a kan dutse. Wanda ke neman soyayya ko faɗan aljanu daga shafin farko zai yi barci. Ɗalibi mai son lissafi, ko malamin makarantar allo, ko manomin da har yanzu yake ƙirga taurari, su za su more shi. In da ni ne, daga babi na 19 zan tsallaka zuwa na 22, in karanta rufewar magatakardan, inda ya je neman kabarinta ya tarar da biyu, ɗaya ana kai masa ziyara ɗaya ana jifansa, kuma kowane ɓangare ya rantse nasa ne na gaskiya.

Kwafi biyu gare ni yanzu, tunda mai sayarwa bai nemi in mayar da na farkon ba. Mai kyan yana hannun maƙwabcina mai turare, sati uku ke nan, kullum sai ya ce gobe. Mai maimaita shafin yana cikin aljihun teburina tare da matattun batura, yarona yana karantawa in kasuwa ta yi sanyi. Jiya ya kai 128. Ban gaya masa komai ba.